Rana ɗaya lakwal, rana ɗaya kiwon tumaki

Daren jiya wajen ƙarfe 2 ƙarar biduna ta tashe ni, irin ƙarar nan da duk wanda ya girma a Damagaram ya sani, ta bidon da ba komai cikinsa in ya bugi ɗan'uwansa. Na ɗaga labule sai na ga ɗiyata ce, ɗiyar yayana da nake riƙo tun tana ƴar shekara 7, ta ɗaura zane bisa rigar barci ta jera bidunan nan masu ruwan ɗorawa guda 9 a bakin pampo, wai ƙawarta ta gangare ta aiko mata saƙo ruwa ya fara zuwa wajensu, to ƙila ya hawo mana. Ta kife turmi ta zauna bisa, wutar salula a hannun hagu, kayen shimi bisa cinya, ta buɗe pampon ta bar shi yana ta huci, iska kawai ke fita. Da safe ƙarfe 8 tana da dabuwar. Ina kallonta ta yi gyangyaɗi, ta farka, ta goge ido da bakin zane ta koma kan layin da ta tsaya.

Ban iya komawa barci ba, don tun ran Juma'a akwai maganar da ta tsaya mini a wuya. Yaya ya biyo bayan an sauko daga masallaci kamar yadda ya saba, aka shimfiɗa masa tabarma a zaure, ya sha fura, sai ya ce mini in yarinyar nan ta ci birebe bana shi dai yana ganin a sa ta seri A ta adabi, ko kuma a nema mata makarantar koyon aikin likita ta shekara biyu uku ta fito ta kama aiki. Na ce Yaya ai ita C ta kimiyya take so, shimi take so ta karanta, kuma makinta ya kai. Ya yi shiru, sannan ya ce "shimi kuma? wannan karatun ai na maza ne, kuma ba ya ƙarewa, yaushe za ta gama yaushe za ta yi aure? Kuma in ta gama ɗin wa zai ɗauke ta aiki a garin nan?"

Kada wani ya karanta wannan ya ɗauka yayana mugu ne ko mai ƙin boko. Shi ya sa ni lakwal da hannunsa lokacin da mahaifinmu ya rasu, shi ke biyan kuɗin kaye da bik na yarinyar nan duk shekara ba ya taɓa jira a tambaye shi. Kuma abin da ya faɗa ya gani ne da idonsa, samari masu lisans suna kabu-kabu a bakin Kasuwar Dole, wasu ma ɗalibaina ne na dā, suna ɗauko ni su ƙi karɓar kuɗi. Shi ya sa ranar bakina ya mutu, na ce masa dai Allah ya zaɓa abin da ya fi alheri. Amsar sai da ya tafi ta zo mini, kuma ita ce nake son in rubuta nan, don na san a gidaje da yawa ana wannan maganar a wannan watan.

Akwai wata mata da na daɗe ina bin labarinta tun ina jami'a a Yamai, sunanta Tebello Nyokong. An haife ta a 1951 a Maseru, babban birnin Lesoto, wata ƴar ƙaramar ƙasa ce da Afirka ta Kudu ta zagaye ta ko ta ina, ƙasar duwatsu masu tsawo da sanyi har ƙanƙara na sauka. Tana wajen shekara 8 tana hannun kakanninta a ƙauye, kuma tsarin gidan shi ne rana ɗaya ta je makaranta, rana ɗaya ta bi tumaki daji, don dole wani ya kula da su. Ita da bakinta ta sha faɗa cewa babban burinta a lokacin shi ne ta samu takalmi nata na kanta. Da ta shiga sakandare aka yi ta ce mata kimiyya wuya gare ta, ta bi ɓangaren adabi, ta kuwa bi, sai da ya rage shekara 2 ta gama ta ce ita fa ba nan zuciyarta take ba, ta koma ɓangaren kimiyya ta haɗa karatun shekara 3 cikin 2.

Duk sa'ad da na kai wannan wurin a labarin sai na tuna ƴan matan ajina. Mu ba tumaki ke cinye mana ranakun karatu ba, ruwa ne. Daga watan Maris zuwa saukar damina, in na shiga aji da safe na kira suna, layin ƴan mata ne ke da giɓi, waɗanda suka zo kuma rabinsu kai bisa tebur. Ba na ko tambaya, tafin hannunsu ya ishe ni amsa, shatin marfin bido da na igiyar guga. Yarinya ta kwana layin ruwa, ta zo ta samu 7 bisa 20 a lissafi, sai a ce ai dama mata ba su da kan lissafi. Wanda ya samu 14 ɗin da ake yaba masa, ƙanwarsa ce ta ɗebo ruwan da ya yi wanka da shi.

Tebello ta samu digirinta na farko a shimi da ilimin halittu a jami'ar Lesoto a 1977, tana wajen shekara 26. Ta tafi Kanada ta yi masta a jami'ar McMaster, ta yi dokta a jami'ar Western Ontario ta gama a 1987, lokacin ta kusa 36. Ta ɗan yi bincike a jami'ar Notre Dame ta Amurka, ta dawo gida ta koyar, sannan a 1992 ta koma jami'ar Rhodes a wani ƙaramin gari na Afirka ta Kudu da ake kira Grahamstown a dā, yanzu Makhanda. Ku lura da shekarar, 1992, mulkin wariyar launin fata bai ma gama faɗuwa ba, sai 1994 aka zaɓi Mandela. Baƙar mace ta shiga sashen shimi na jami'ar da aka gina don turawa, a matsayin ƙaramar malama, ta zauna nan ta gina labo ɗinta kaɗan kaɗan har ta zama farfesa, har aka ba ta jagorancin wata cibiyar binciken nano ta ƙasar, wato ilimin abubuwa masu matuƙar ƙanƙanta. A 2005 Afirka ta Kudu ta ba ta lambar girma ta Mapungubwe, a 2009 ta karɓi kyautar L'Oréal da UNESCO ta mata masu kimiyya a madadin Afirka da ƙasashen Larabawa.

Amma ni ba lambobin ne suka kama ni ba, aikin ne. Matar nan rayuwarta duka a kan rini ta yi ta. Akwai wani sinadari mai launin shuɗi zuwa kore da ake kira fitalosiyanin, ana sa shi a fenti da tawada da robobi, ba shi ne shunin marinarmu ba amma dai shi ma abin rini ne. Ƙirar ƙwayarsa kamar zobe take, da rami a tsakiya inda ake dasa ƙwayar ƙarfe guda, ko zink ko tagulla ko alminiyom, kuma wannan ƙirar ta yi kama da ta abin da ke sa jininmu ja da wanda ke sa ganye kore, ikon Allah. To wasu daga cikin irin wannan rinin in haske ya sauka a kansu sai su haɗiye ƙarfin hasken su miƙa wa iskar oksijin da ke kusa, oksijin ɗin sai ta zama mai zafin rai, duk abin da ta tarar dab da ita sai ta ƙone shi, kuma ba ta daɗewa take hucewa, ba ta yin nisa. Daga nan tunani biyu suka fito. Na farko ciwon daji, a sa rinin ya taru a cikin ƙarin, a haska wurin da jan haske, ƙwayoyin cutar su mutu a bar sauran jiki lafiya, ba kamar maganin nan da ke zubar da gashi ya kwantar da mutum gaba ɗaya ba. Na biyu kuma shi ne namu, ruwa. A sa rinin cikin gurɓataccen ruwa a bar shi a haske, ya kashe ƙwayoyin cuta ya kuma farfasa dafin da ke ciki.

Sai dai in ka zuba rini a ruwa don ka tsabtace shi ai ka ƙara masa wata ƙazantar ne, ta yaya za ka fitar da shi bayan ya gama aiki? Nan nano ta shigo. Tebello da ɗalibanta sukan ɗaure rinin a jikin wasu ƴan mitsi-mitsin ƙwayoyi na zinariya ko azurfa ko baƙin ƙarfe mai bin mayen ƙarfe, ko kuma su saƙa shi cikin wani zare siriri da ido ba ya iya ganin sili ɗaya, ya zama kamar ƙyalle, a tsoma a ruwa, haske ya yi aikinsa, a ɗaga a sake amfani da shi. Kuma da irin wannan rinin suke ƙera ƴan na'urorin da ke shinshino guba a ruwa ko da ƴar kaɗan ce, kamar maganin ƙwari na gona.

Kalmar nano ɗin nan tana tsorata mutane, ni kuwa a aji da kanwa nake bayaninta. In kin jefa dunƙulen kanwa a ruwa sai ki jira, in kin daka ta kin zuba nan take ta narke, alhali kanwar ɗaya ce nauyin ɗaya ne. Abin da ya canza shi ne yawan fuskar da ke taɓa ruwa. To nanomita ɗaya shi ne a raba mita gida biliyan 1 a ɗauki ɗaya, silin gashin kai ɗaya kaurinsa ya kai nanomita wajen 80,000. Ki ɗauki abu kamar dunƙulen Maggi, santimita 1 kowane gefe, fuskokinsa 6 duka ba su wuce ki rufe da babban yatsa biyu ba. In aka yayyanka shi ya zama ƴan dunƙulaye masu nanomita 1, fuskokin nan in an shimfiɗa su za su kai murabba'in mita 6,000, kusan filin ƙwallo guda, daga abin da ke tafin hannunki. Dafin da ke cikin ruwa kuwa a fuska yake mannewa, don haka ɗan cokali na irin wannan garin sai ya yi aikin buhu. Kuma a wannan ƙanƙantar abubuwa har hali suke canzawa, zinariya da muka sani rawaya in ta zama ƴan ƙwayoyin nano cikin ruwa ja take komawa kamar bisap, wani bature Michael Faraday ya haɗa irin wannan ruwan a Landan tun 1857 kuma kwalabensa suna nan har yau ba su canza ba.

Akwai wata kuma a Amurka, Vicki Colvin, ita ma ƴar shimi ce, lokacin tana jami'ar Rice a Texas. A 2006 ita da abokan aikinta suka nuna cewa ƴan ƙwayoyin wani dangin tsatsa, masu girman nanomita wajen 12, suna kama arsenik da ke cikin ruwa, sannan a kawo mayen ƙarfe ɗan ƙarami, ba sai wani babban inji ba, ya janye su duka tare da gubar. Arsenik ɗin nan shi ne ya addabi miliyoyin mutane a Bangladash ta ruwan rijiyoyin burtsatse, kuma ƙa'idar hukumar lafiya ta duniya ita ce kada ya wuce mikrogram 10 a lita. Tsatsa fa, abin da muke kankarewa daga jikin kwano mu zubar. Abin da ya ƙara mini ganin girmanta shi ne tun kafin nan tana cikin na kan gaba wajen tambayar cewa su kansu ƴan ƙwayoyin nan in sun zube a kogi ko sun shiga jikin mutum me za su yi, ta yi rubutu a kai tun 2003, lokacin da kowa ke ta murna da sabon abu ba mai son jin wannan tambayar. Mai sayar da magani da ke gaya maka illarsa, shi nake yarda da shi.

Yanzu Yaya zai ce to duk wannan a can ne, mu ina ruwanmu. Ai kuwa ruwanmu ne, a zahirin kalmar. Waɗanda suka kai shekaruna sun tuna abin da ya faru a Tibirin Gobir kusa da Maraɗi. Daga tsakiyar shekarun 1980 har wajen 2000 mutanen garin suna shan ruwan pampo garau, mai sanyi, ba wari ba ɗanɗano, ashe sinadarin fuluwor ɗin da ke cikinsa ya wuce ƙa'ida nesa ba kusa ba, ƙa'idar kuwa miligram 1.5 ne a lita. Yara ɗaruruwa haƙoransu suka yi ja suka lalace, ƙafafu suka lanƙwashe, wasu kai ya yi girma, iyaye suna ta yawon neman magani ana cewa iska ce ko sammu. Ba wanda ya zuba guba, daga jikin dutsen ƙarƙashin ƙasa take fitowa. Tafasa ruwan ba ya fitar da ita, jabel ba ya taɓa ta, tacewa da ƙyalle balle. Abin da ake buƙata shi ne mutum ɗaya da ya iya auna ruwa, yake auna shi a kai a kai, kuma yake da bakin da za a saurara. Na taɓa ganin ɗaya daga cikin yaran nan ya girma, a tashar mota, yana tafiya da sanda biyu, shekarunmu kusan ɗaya. Har yau in ina koyar da darasin ayon a aji fuskarsa nake gani.

Kuma maganin fuluwor ɗin ma ba wani abin sama ba ne, gawayin ƙashi yana kama shi, ƙashin shanu da aka ƙona a wani zafi na musamman aka daka, ana amfani da shi a Kenya da Habasha. Ƙashi kuwa ga shi nan jibge a mahautarmu. Amma wane zafi, wane girman gari, lita nawa zai tace kafin ya ƙoshi ya daina kamawa, da irin ruwanmu ba na Kenya ba? Wannan sai ɗan shimi, kuma sai wanda ya zauna nan.

Ku zaga bayan gidajen masu rinin shadda ku ga kwata. Yau ba shunin karofi ne kaɗai ba irin na zamanin kakanninmu, garin rini ne na kanti da soda mai cin hannu, in an gama a kwarara a lungu, ja yau, kore gobe, ya gangara tafki. A wannan tafkin ne awaki ke sha, yara ke wanka da damina, masu bulo ke ɗiba, wani ma ya ja ya ba latas ɗinsa. Haka ruwan majema, haka baƙin man gareji, haka batiran da muke jefarwa a bola ruwan sama ya wanke. Ba ina zargin masu sana'a ba ne, abincinsu ke nan kuma ba wanda ya nuna musu wata hanya. Amma irin wannan rinin da ke gudu a kwatarmu shi ne ainihin abin da ɗaliban Tebello ke zubawa a kwalba su gwada farfasa shi da haske. Haske kuma in dai rana ce, wa ya fi mu? Farfesa Abdou Moumouni, haifaffen Tasawa, wanda jami'ar Yamai ke ɗauke da sunansa, tun shekarun 1960 yake cewa dukiyarmu tana bisa kanmu, ya yi shekaru yana jagorancin ofishin binciken hasken rana na ƙasa. Ko yanzu in kin cika gorar roba mai haske da ruwa marar laka kin kwantar bisa rufin kwano awa 6 a rana tsaka, yawancin ƙwayoyin da ke sa zawo sun mutu. Abin da masu nano ke nema shi ne su ƙara wa wannan ranar haƙora ta ci har da dafin da ita kaɗai ba ta iyawa.

Ba zan yi muku ƙarya ba, yawancin abubuwan nan har yanzu a labo suke. Ba za ki je kasuwa gobe ki ce a ba ki ƙyallen nano na dala 20 ba, kuma wasunsu ƙila tsada ta hana su fitowa har abada. Sannan matsalarmu ta farko a garin nan ba ma tsabtar ruwan ba ce, samunsa ne. Damagaram bisa dutse take zaune, dutsen nan da muke hawa muna yara muna ɗaukar hoto a kai shi ne ya hana ƙasarmu riƙe ruwa, har ana lissafa ƙarancin ruwa cikin dalilan da suka sa turawa suka ɗauke babban birni daga nan suka kai Yamai a 1926. Shekara kusan 100 ke nan. Daga Gogo da Machaya ake jawo mana, daga Arunguza, daga Ganaram, garin kuma kullum ƙara faɗi yake. Nano ba za ta cika bido ba. Amma ku duba abin da ƙarancin ke sa mu yi, in pampo ya ƙafe kwana 4 duk ruwan da ɗan garuwa ya turo saye muke, bidon da muka saba saye dala 5 ya koma dala 30 kuma ba mai tambayar daga ina, ko rijiyar lambu ce ko tafki. Lokacin da ruwa ya fi wuya shi ne lokacin da muka fi shan wanda ba mu san cikinsa ba.

In kuma ana ganin Lesoto ta yi nisa, to ga tamu ta gida. Fadji Maina a garin nan aka haife ta, a nan ta yi karatu har bak, ta tafi Fas ta Maroko, ta yi dokta a Strasbourg ta Faransa a 2016, a 2020 ta fara aiki da NASA, hukumar binciken sararin samaniya ta Amurka. Ta faɗa a hirarraki da yawa cewa wahalar ruwan Damagaram ce ta sa ta zaɓi ilimin ruwa. Ita aikinta lissafin inda ruwa yake da yadda yake tafiya a ƙasa da sama, da kwamfuta da hotunan tauraron ɗan adam. Wanda zai buɗe ruwan ya ga abin da ke cikinsa, wannan kujerar tana nan tana jiran mai ita. Ga jami'ar André Salifou a cikin gari, ba sai yarinya ta ƙetare teku ba kafin ta fara, ga matatar mai ta SORAZ a hanyar Tanut tun 2011, ga kamfanin ruwa, ga likita, ga masu aikin gona da taki da maganin ƙwari, duk wuraren nan awo suke buƙata. Ban ce aiki na jiran kowa a bakin ƙofa ba, amma wanda ya iya awo da hannunsa ba daidai yake da wanda ya haddace kaye ba.

Nan ne kuma ciwon yake mini, don ni kaina shekara 14 ina koyar da fizik da shimi, kuma yawancin gwajin da nake koyarwa da alli nake zana shi a allo. In zana kwalba, in zana ɗigo, in rubuta "sai ya koma ja", yara su kwafa su haddace ba su taɓa ganin ya koma jan ba. Ɗakin da aka ce labo ne a makarantarmu tebura karyayyu ne a ciki. Da abin ya ishe ni sai na fara zuwa da kayana daga gida cikin bokiti, ruwan bisap da na dafa ba sukari, lemun tsami, jiƙaƙƙiyar kanwa, kofunan shayi na gilashi guda 3. In zuba bisap a duka ukun, in matsa lemu a na farko ya ƙara ja ya yi haske, in bar na tsakiya, in ɗiga kanwa a na uku sai ya juye ya yi duhu ya koma kore-kore. Ranar da na fara yi, aji mai yara sama da 80 ya yi tsit, sai wata yarinya daga baya, wadda ban taɓa jin muryarta ba tun farkon shekara, ta miƙe ta ce "Madam, ashe shi ya sa miyar yakuwa ke canza kala in Inna ta sa kanwa!" Na ce shi ne fa, asid da baz ke nan, innarki ta daɗe tana yi. Matan garin nan da ke sa alam a randa laka ta kwanta, da masu daka ƴaƴan zogale su zuba a ruwan tafki ya washe, da masu haɗa sabulun toka, da masu jima da bagaruwa, duk shimi suke yi ba a dai ba su sunan ba. Ban san ranar da aka mayar da shi karatun maza ba.

Maganar tsawon karatu kuwa gaskiya ne Yaya, yana da tsawo. Bak shekara 3 nan gaba, lisans 3, masta 2, dokta in Allah ya kai ta 3 ko 4. Amma aure ba ya jiran a rufe littafi, ni da cikin ɗana na biyu na rubuta jarrabawar ƙarshe, kai ka kai ni a bayan mashin ɗinka, ka tsaya a gindin bedi har na fito. Abin da ke kashe karatun mace ba auren ba ne, wanda aka aura ne da sharaɗin da aka yi ko ba a yi ba tun farko, kuma wannan a hannunka yake, kai ne waliyyi. Tebello ba ta zama dokta ba sai da ta kusa 36, kuma bayan nan ta yi fiye da shekara 30 tana aiki tana yaye ɗalibai daga ƙasashen Afirka da dama. Da kakanninta sun ce tunda rabin kwanakinta a kiwo suke tafiya a bar ta da kiwon kawai, ba wanda zai ce sun yi laifi, hankali ma zai ɗauka.

Ran Asabar da ta wuce na nuna wa ɗiyata hoton Tebello a salula, tsohuwa da farar rigar labo tana dariya, kwalabe shuɗɗa da koraye jere a bayanta. Ta daɗe tana kallo tana buɗa hoton da yatsa biyu, ba fuskar take dubawa ba, kwalaben. Da yamma muna tsakar gida ta ɗauko ruwan da muka saya wajen ɗan garuwa, ja-ja da shi, ta juya ƙulli na alam a ciki sau 7 kamar yadda na koya mata ta cire, muka zauna muna kallon lakar tana haɗuwa kamar auduga tana sauka gindin randa. Da ya kwanta ya yi garau ta ɗebo a kofi ta ɗaga shi saitin rana, ta ce "Gwaggo, to yanzu wanda ido ba ya gani fa, ta yaya za mu san ya fita?" Na ce ba za mu sani ba sai an auna. Ta ce "a ina ake aunawa?" Na gaya mata. Ta ce "su wa ke aunawa?"

Ruwan dai ya zo ƙarfe 3 da minti 20, siriri kamar zare, na fita na karɓe ta na ce ta je ta kwanta ko awa 2 ne ta samu. Bido 6 suka cika kafin ya ɗauke. Takardar zaɓin seri tana cikin jakata, ta cika nata wurin da bik shuɗi tun sati biyu, saura wurin sa hannun uba. Na aika wa Yaya cewa ran Juma'a in ya zo kada ya yi sauri, zan dafa bisap in jiƙa kanwa, ita za ta yi masa gwajin da hannunta a zaure.